Gabas ɗin Inna Hadiza

Ranar Lahadi 'yata ta zo gida da ƙawayenta na jami'a, suka tarar na sauko da tambur daga kan kabad ina goge masa ƙura. Tambur shi ne katakon da ake ɗaure yadi a kai ya miƙe tamau kafin allura ta shiga. Ɗaya daga cikinsu ta ɗaga wani ƙyalle da ban ƙarasa ba, ta duba gaba ta duba baya, ta ce, "Tanti Rabi, wannan ai carte ce kawai, taswira. A ɗauko ta a salula, a ba mashin, kafin la'asar ta fito." Sauran suka yi dariya. Ban ji haushi ba, domin mashin yana yi ɗin. Na dai ce zan rubuta muku yadda aikin yake, ku karanta in kun samu sarari.

Shekaru na yi ina ɗinka taswirar ƙasashen annabawa da zaren alharini, a ɗakina, tsakanin girki da renon yara. Aikin da ya fi kowanne kyau a hannuna kuwa, shi ne ya jefa wata tsohuwa marar lafiya cikin shakkar sallolinta na shekara guda. Can zan kai ku. Amma ba za ku gane ba sai na fara daga inda na koya.

Na zo Lyon ta Faransa daga Maradi ina amarya, farkon shekarun dubu biyu. Maigidana yana aiki a wata masana'antar sinadarai a Saint-Fons, ya fita da duhun safiya, ya dawo da warin wurin a rigarsa. Ni karatuna a kwaleji ya tsaya, abin da hannuna ya iya shi ne adon zanen gado da matashin kai. Wata rana na hau tudun nan na tsofaffin masaƙan Lyon neman zare, ina riƙe da aikina don in gwada launi. Wata tsohuwa gajera da ke kantin ta karɓe shi daga hannuna ba ko gaisuwa. Ba ta kalli furannin ba, bayan ƙyallen ta juya. Ta daɗe tana dubawa, sannan ta ce, "Ba ki barin ƙulli a baya. Wa ya koya miki?" Na ce innata. Ta ce in same ta gida ranar Talata.

Sunanta Madam Araksi. Ba'armeniya ce, Kirista, an haife ta cikin ganuwar tsohon birnin Ƙudus, ta baro shi tana budurwa. A Décines take zaune, gefen Lyon, kuma aikinta ke nan tun kafin a haife ni.

Ranar farko ta shimfiɗa yadin lilin a tebur, ta riga ta zana ƙasar a kai da alli. Na ga Bahar Rum a ƙasa, hamada a sama, kogin Urdun yana tafiya daga hagu zuwa dama. Sai na kama gefen yadin na juya shi. Ta doke mini hannu da hular ƙarfen da ke yatsanta.

"Me kike yi?"

"A karkace yake, Madam. Arewa ce a sama. Haka aka koya mana a lakwal, tun muna 'yan makaranta."

"Lakwal ɗinku jiya aka gina ta. A yarenku yaya ake cewa l'est?"

"Gabas."

"Abin da ke fuskar mutum fa, in ya tsaya?"

"Gaba."

Sai na ji abin da bakina ya faɗa. Ta yi dariya har da tari. "Kin gani. Kuna da shi a baki, kika ajiye shi a ƙofar lakwal." Ta ce mutanen dā in za su zana duniya, da yawansu mafitar rana suke sawa a sama, domin nan mutum yake kallo in ya tashi. Ta ce in tsaya a Hijaz in fuskanci gabas: abin da ke hannuna na hagu shi ne Sham, abin da ke dama shi ne Yaman, kuma daga hannuwan nan biyu Larabawa suka samo sunayen. Tun ina yarinya nake jin Sham da Yaman a bakin malamai, ban taɓa sanin hagu da dama ake faɗa ba.

Ruwa kaɗai ta bar ni in ɗinka har sanyi ya shiga ya fita. Ku da kuke ganin shuɗi ɗaya ne, ba ɗaya ba ne. Tafkin Tabariyya ruwan daɗi ne, akwai kifi, sai a ba shi zare mai haske, ɗinki sakwa-sakwa. Tekun Annabi Luɗu kuwa gishiri ne zalla, ba abin da ke rayuwa ciki, ruwan Urdun yana shiga ba ya fita. Wannan sai a haɗa shuɗi da ruwan toka, a matse ɗinkin har yatsa ya ji nauyinsa. Shi kansa Urdun, na yi shi da kauri kamar kogin Kwara, saboda girman sunansa a kunnena. Ta sa na warware. Ta ce wurare da yawa yaro zai jefa dutse ya tsallake shi. Na ce ashe Gulbin Maradi da damina ya fi shi. Ta ce ba ta san gulbinmu ba, amma ta yarda. Da sili ɗaya ake yin sa, yana murɗewa.

Duwatsu kuma da auduga ake cusa su ta ƙarƙashi kafin a rufe da zare. In ka sa yatsa a bakin teku ka tafi, za ka ji kana hawa har Ƙudus, sannan ƙasa ta zube da kai zuwa tekun gishirin nan. Mun taɓa yi wa wani makaho, ya bi hanyar da yatsa ya ce, "Nan ne numfashina ya ƙare lokacin da na je." Mashin ɗinku bai san hawa da gangara ba.

Dokokin Madam uku ne. Ba a ɗinka iyakar ƙasa, domin ta ce a rayuwarta kaɗai ta ga iyakokin nan sun tashi sun sake zama, dutse da ruwa kuwa suna inda ta bar su. Ta biyu, suna shi ne ƙarshen abin da allura za ta taɓa. Garin da kabarin Annabi Ibrahim yake, mu Halil muke cewa, wasu Hebron. Tekun nan wani zai ce na Luɗu, wani ya ce Matacce, wani ya ce na Gishiri. Ƙasa ɗaya muke ɗinkawa, sai mai aiki ya zo ya faɗi bakin da yake so ta yi magana da shi. Akwai lokacin da ƙyallaye uku suke rataye a ɗakinta ba suna ko ɗaya, ba ka iya cewa wannan na liman ne, wannan na fadan coci ne.

Doka ta uku ita ce ta kai aiki. Ba a miƙa shi a naɗe a juya. Sai an shimfiɗa shi a ƙasan ɗakin mai shi, a ɗora busol, wato 'yar na'urar nan mai allura da ke nuna arewa, a juya ƙyallen har gabas ɗinsa ya haɗu da gabas na duniya. Ta ce mutum ya ga inda ƙasar take daga inda yake tsaye, ko sau ɗaya, kafin ta koma ado a bango.

Aikin da na fara rakiyarta kaiwa na wani dattijo ne Bayahude a Villeurbanne, Misye Simon, haifaffen Tlemsen ta Aljeriya. Ƙaramin ƙyalle ne, ganuwar Ƙudus da tuddanta, da kalma ɗaya cikin rubutunsu. Madam ta zana haruffan da alli, ni na bi, daga dama zuwa hagu kamar ajami. Na tambaye shi ma'anarta. Ya ce, "Gabas. Muna rataye shi a bangon da muke kallo in za mu yi addu'a." Da muka gama shimfiɗawa, sai ya nuna wani bango da ke tsakanin gabas da kudu.

Na ce, "Misye, wannan ai ba gabas ba ne."

Ya ce, "A Tlemsen gabas ne, 'yata. Kakana ya ce gabas, ubana ya ce gabas. Na ƙetaro teku, kalmar ta biyo ni, bangon ne ya karkace. Ke fa, ina kike kallo in za ki yi sallarku?"

Na miƙa hannu, shi ma ya miƙa nasa. Tsakanin Makkata da Ƙudus ɗinsa, daga wannan ɗaki, bai fi tsakanin yatsa da yatsa ba. Matarsa da ke kawo shayi ta ce, "To ku yi layi ɗaya mana, kafet ɗina ya huta." Muka yi dariya. Na dawo gida ina ba maigidana labari, na ce ashe su ma gabas suke ce wa alƙiblarsu kamar mu. Na ɗauke shi abin ban sha'awa kawai.

Da aka rage ma'aikata a wurin maigidana muka koma Sevran, a gefen Paris. Madam ta ba ni tambur, da busol, da takardunta masu shara-shara da ake kwafar zane. Ta ce, "Idona ya gaji. Kada dai ki sa arewa a sama." Bayan 'yan shekaru ta rasu, na hau jirgin ƙasa na je na yi wa ɗiyarta gaisuwa. A Paris aiki ya karɓe ni. Alhazai in sun dawo suna son Makka da Madina da hanyar hijira. Matan wata coci a Saint-Denis, 'yan Kwango, suka sa na yi musu daga Masar zuwa Dutsen Sina. Wani gidan Yahudawa a Sarcelles suka sa na yi wa 'ya'yansu ɗaya bayan ɗaya. Ina aza tukunya, in yi tudu guda, in sauke, in yi rabin teku.

Sai mummunar shekara ta zo. Kun san ta, kuna sakandare lokacin: shekarar da aka kai hare-hare, tsoro ya sauka a garin nan, kowa ya rufe ƙofarsa. Mutanen Sarcelles suka daina kira. Matan cocin suka ce a dakata. Wata rana a tashar jirgi wani mai gadi ya sa na buɗe naɗin da ke hammatata. Ya ga mace da hijabi, ga taswirar Sham da rubutun Larabci, ya daɗe yana kallona kafin ya ce in wuce. Daga ranar na daina shiga jirgin RER da aiki sai dole. A kasuwa kuma ga na mashin sun cika, masu ƙyalli, arewa a sama, iyakoki da jan layi, kuɗinsu bai kai na zarena ba. Kantin Lyon da ke aiko mini alharini ya rufe. A wannan shekara duka, aiki ɗaya ne ya shigo.

Malam Isufu ne ya kawo shi, mutumin Tawa, ya yi karatu a nan ya zauna, yana aikin kwamfuta, gidansa a Saint-Denis. Ya ɗauko mahaifiyarsa, Inna Hadiza, daga gida saboda ciwon ƙoda, ana yi mata wankin jini a asibiti. Likitoci sun ce ba zancen hajji. Ya ce mahaifinta ya tafi gabas da ƙafa tun tana ƙarama, zamanin Nasara, bai dawo ba. In Bahaushen dā ya ce wane ya tafi gabas, hajji yake nufi. Malam Isufu yana son in ɗinka mata hanyar da tsohon ya bi.

Madam ba ta bar mini zanen wannan ba. Na je ɗakin karatu na unguwa na kwafo, sannan na je wurin Inna. A falo ta karɓe ni, siririya, fara, carbi a hannu. Muka daɗe muna gaisawa, ta tambayi Maradi kamar jiya na baro. Sannan ta jero mini garuruwan yadda uwarta ta ji su daga bakin masu dawowa: Kano, Barno, Wadai, Darfur. Ta ce daga Darfur labari ya yanke.

Na ce, "To a nan zan ƙulle zaren, Inna."

Ta kama hannuna. "A'a, ɗiyata. Ki kai shi. Mi zai rage miki? Ki kai shi hal Makka da zarenki."

Haka na yi. Na sa Tawa a ƙasa, Makka a sama, hanya tana hawa da zare ruwan ƙasa. Ta zaga Tafkin Cadi, ta ratsa Darfur, ta tsallake Nilu, ta sauka Sawakin a bakin Bahar Maliya, ta haye Jidda. A hagu daga sama na sa Madina, da Ƙudus, da Sham. Alharinin da ya rage mini mai kyau duk a nan ya ƙare. Ina tsakiyar aiki Malam Isufu ya kira ya ce in ƙara Paris, in ja zare daga nan zuwa Makka, don tsohuwa ta daina cewa sun kawo ta bayan duniya. Na ƙara yadi a hagu, na sa Paris a can gefe, na ja jan zare miƙaƙƙe.

Ranar kai aiki Asabar ce da hantsi, maigidana ya kai ni a mota. Jikar Inna, Nafisa, tana gida hutu, budurwa ce haifaffiyar nan, tana karatu a wani gari. Hausarta tana ɗingishi, amma tana ji. Inna ta ce a ɗakinta za a rataye. Ban taɓa shiga ba sai ranar. Ƙaramin ɗaki ne a hawa na sama, gado, kabad, da taga ɗaya. A gaban tagar an shimfiɗa sallaya, an ɗora kujera a kai, domin a zaune take salla.

Na buɗe ƙyallen a ƙasa, na ɗora busol, na juya shi yadda aka koya mini. Nafisa ta taimaka wa kakarta ta zauna a bakin gado. Inna ta sunkuya ta sa yatsa a Tawa, ta hau hanya a hankali. Da ta zo Darfur ta tsaya, sannan ta wuce. Da ta kai Makka ta bar yatsan a wurin, ta ce, "To, Baba, ka iso." Malam Isufu yana tsaye a bakin ƙofa, ya juya ya koma falo.

Nafisa ta ce, "Kaka, kin ga Paris? Ga mu nan. Ba bayan duniya ba ne, gefen duniya ne."

"Ke Baturiya, rufa mini baki. Wanga jan zare hwa, na mi ne?"

Na ce, "Daga ɗakin nan zuwa Ka'aba, Inna."

Ta bi shi da ido. Zaren ya nufi kusurwar da kabad yake. Ta ɗago ta dubi sallayarta da ke kallon taga. Ta sake duban zaren. Ni ma sai lokacin na gani.

"Kin shimfiɗa shi daidai?"

"Daidai, Inna."

"Nafisa. Randa munka iso, mi na tambaye ki?"

Yarinyar ta yi ɗan tunani. "Kin ce ina gabas."

"Kika ce mi?"

"Na ce ga shi, inda rana take fitowa. Mais Kaka, gabas c'est l'est. Haka Baba ya koya mini. Gabas, yamma, kudu, arewa." Muryarta ta fara raguwa tun kafin ta kai arewa.

Ga abin da ya faru. A gida in tsoho ya ce ina gabas, alƙibla yake tambaya, kuma in ka nuna masa mafitar rana ba ka kauce sosai ba. A nan alƙibla tana tsakanin gabas da kudu. Kuma ranar ƙasar nan ba ta da wuri ɗaya: da sanyi tana fitowa kusa da alƙibla, da zafi kuwa sai ta koma can wajen arewa. Inna da tsakiyar zafi ta iso. Yarinya ta nuna mata tagar da rana ta leƙo da safen nan, tsohuwa ta shimfiɗa sallaya, ba ta sake motsa ta ba.

Za ku ce yaya ba wanda ya lura. Malam Isufu ɗan fari ne, tana jin kunyarsa, ko sunansa ba ta faɗa, daga bakin ƙofa yake gaishe ta. Matarsa surukuwa ce, ita ma ba ta zama a ɗakin. Ginin kuma a lanƙwashe yake, kowane ɗaki da inda ya kalla. Nafisa ta ce ta ga kujerar a gaban taga, ta ɗan yi mamaki, amma ta ce a ranta wace ce ita da za ta gyara wa Kaka salla.

Inna ta miƙo mini hannu. "Ba ni zare." Na ciro guntu daga jakata. Ta ce in ɗora bakinsa a Paris, in ja shi inda sallayarta ta nufa. Na ja. Ya fita daga ƙyallen ya hau daɓen ɗaki.

"Mi ke can?"

"Jamus, Inna."

"Bayanta hwa?"

"In an yi ta tafiya, Rasha."

"Akwai annabi can?"

Na ce, "Allah ne masani. Ban san da shi ba."

Nafisa ta fashe da kuka, tana cewa pardon, pardon. Tsohuwar ta jawo ta jikinta. "Ke, bari. Gabas ɗin da anka koya miki kika ba ni. Ni ce ban ce alƙibla ba. A Tawa ba mu da biyu, ina zan sani?"

Na faɗa mata abin da na sani. Na nuna mata Madina da Ƙudus a ƙyallen, na ce Sahabbai sun daɗe suna fuskantar Ƙudus kafin a juya su zuwa Ka'aba, wasu har sun rasu kafin juyawar, ba a ce sallarsu ta faɗi ba. Ta saurare ni sosai. Sannan ta ce, "Su Allah Ya ce su kalli can, kuma gidan annabawa sunka kalla. Ni taga na kalla."

Muka jawo kujerar muka juya ta zuwa kabad. Aka rataye ƙyallen. Ta sa mini albarka, ta ce aikin ya yi kyau, ta sa aka ƙulla mini kilishi.

Bayan kwana biyu Malam Isufu ya kawo mata wani malami ɗan Damagaram. Malam ya ce wanda ya zo baƙon wuri ya tambaya, aka nuna masa, ya yi iyakar abin da aka ɗora masa, babu ramuwa a kansa. Ya maimaita mata da Hausa mai sauƙi. Ta yi godiya, ta sa aka ba shi shayi. Yana fita ta kabbarta. Daga ranar kowace salla sai ta yi mata 'yar'uwa: ta yi azahar ta yau, ta ƙara ta bara. Ranakun asibiti takan dawo ko kofi ba ta iya riƙewa, amma sai an zaunar da ita a kujerar. Ɗanta ya roƙe ta daga bakin ƙofa, likita ya ce ta rinƙa kwanciya.

Na je duba ta da sanyi ya shigo. Ta ƙara ramewa. Rana tana fitowa lokacin ta wajen kabad, ta nuna mini da carbi, ta ce, "Kin gane ta? Yanzu ta dawo hanya. Ranar garin ga ma ba ta da alƙawari."

Na ce, "Inna, Malam ya ce ba sai kin rama ba. Ki huta."

Ta ce, "Na ji shi, kuma na yarda da shi. Amma Baba da ƙahwa ya tahi neman wurin ga. Ni a zaune anka ce in kalle shi kawai. Bari in kalla."

Ba ta kai ƙarshen ramuwar ba. Ta rasu kafin ganye ya dawo kan itatuwa. Malam Isufu ya gaya wa maigidana cewa da aka tambaye ta ko a binne ta nan, ta ce a'a, a kai ta inda gabas ɗaya ne.

Na sha tunanin ranar Asabar ɗin nan. Da na miƙa ƙyallen a naɗe, ko na rataye shi kai tsaye kamar na kasuwa, da ta ƙare kwanakinta tana shafa hanyar ubanta da yatsa, tana kwanciya in ta dawo daga asibiti. Da kuma ta tafi tana kallon taga. Na tambayi kaina wanne za ta zaɓa, na san amsarta. Sanin bai sa na daina tunanin ba. Bayan wannan na yi ƙananan ayyuka kaɗan, alharini ya ƙare, ido ya fara neman gilashi, na ɗora tambur a kan kabad. Ƙyallen da ƙawarku ta ɗaga shi ne na ƙarshe, ƙasar ta cika, ba wanda ya zo ya faɗi sunayen.

Na Inna kuwa ya bi ta gida. Nafisa ce ta naɗe shi ta sa a jakarta, karonta na farko da zuwa Tawa tun tana goye. Bayan sadakar uku ta kira ni.

"Tanti Rabi, ina ɗakin Kaka."

"Yaya hanya? Yaya ƙarin haƙuri?"

"Alhamdu lillahi. Tanti, na shimfiɗa shi a ƙasa kamar yadda kike yi. Hanyar baban Kaka da tabarmar sallarta, wuri ɗaya suke kallo."

"Haka ya kamata."

"Ɗazu zan yi la'asar, na ɗauko salula zan duba, sai na fasa. Akwai wata 'yar yarinya tana wasa a tsakar gida. Na ce mata, ina gabas? Ko ɗago kai ba ta yi ba, Tanti. Da haɓa ta nuna mini."

Na ce, "To, je ki yi sallarki."

Ba ta kashe ba, ni ma ban kashe ba. Ina jin kukan awaki da muryoyin mata masu gaisuwa a bayanta, har layin ya yanke da kansa.